Katin da Baba Kundi Ya Sake Rubutawa

Ƙarar faɗuwar ce ta fara iso mata ta bango, sannan ta ji kwalaye suna zubowa ɗaya bayan ɗaya. Tafireta ta zare wayar guga, ta bar rigar da take gogewa, ta fita ko takalmi ba ta saka ba. Ƙofar maƙwabcinta ba ta zama a kulle da rana. Ta same shi zaune a ƙasa ya jingina da ƙafar tebur, kujerar da ya taka ta kife, fararen katuna sun baje har bakin ƙofa.

"Kada ki taka su," ya ce. "Ni ba abin da ya same ni."

Ashe abu ya same shi. Da ta kira maza biyu daga hawan ƙasa suka ɗaga shi, sai da ya cije leɓe har ya yi jini. A asibiti likita ya ce ƙashin ƙugunsa ne ya tsage, kuma zuciyarsa ta tsufa, ba za ta ɗauki aikin tiyata ba. Aka riƙe shi kwana shida, ya dame su da mita, suka sallame shi ya dawo gadonsa. 'Yarsa guda ɗaya, wadda ke aure a wani gari mai nisa, ta ɗauki hutu ta zo jinya.

Baba Kundi ake ce masa a gidan benen, har ma'aikacin da ke kawo takardar wuta haka yake kiransa. Shekara talatin ya yi yana aiki a ɗakin karatu na jama'a, kuma a lokacin yana da shafi a wata jarida inda yake sharhin ƙagaggun labaran kimiyya da na almara, irin na jiragen da ke ratsa taurari, da biranen ƙarƙashin teku, da mutanen ƙarfe masu tunani. Abokan aikinsa suna yi masa dariya, wai dattijo da gemu yana bin tatsuniyar yara. Bai kula su ba. Da ya yi ritaya sai ya ɗauki aikin da ya ba shi sunansa: haɗa kundin duk wanda ya taɓa rubuta irin waɗannan labarai a harshensu. Kowane marubuci da katinsa, da shekarar da littafin ya fito, da taƙaitaccen labarin, da hukuncin Baba a ƙasa. Kwalayen takalmi arba'in da ɗoriya ya cika da su.

Ita kuwa shi ya raɗa mata Tafireta, saboda da tsohuwar na'urar nan mai wannan suna ta fara sana'ar buga takardu kafin ta samu kwamfuta. Shekarar da mijinta ya rasu ta rufe shago wata biyu, ba ta son ganin kowa. Wata safiya Baba ya ƙwanƙwasa mata, bai yi mata dogon jaje ba, ya miƙo mata littafi ya ce idonsa ya fara gajiya, ta karanta masa ta faɗa masa abin da ke ciki a layi biyar. Ta karanta don kunya. Washegari ya kawo wani. Sai daga baya ta gane a lokacin idonsa lafiya lau yake. Tun daga nan, shekara goma sha ɗaya, duk la'asar idan ta taso daga shago takan shiga ta buga masa katuna, su yi musu a kan wanda ya iya labari da wanda ya ɓata takarda.

Rana ta biyu da dawowarsa, bayan ta gama jera katunan da suka watse, ta tambaye shi abin da ya hau nema har ya kusa kashe kansa. Ya nuna saman kabad da haɓa. Can ƙurya ta lalubo wani siririn littafi mai koren bango, ƙura ta rufe shi. Ya ce ta karanta masa, daga farko, kada ta tsallake komai.

La'asar uku suka yi a kansa. Labarin wani jirgi ne da ya shekara ɗari uku yana tafiya tsakanin taurari, waɗanda suka shige shi duk sun mutu, jikokin jikokinsu ne a ciki. Akwai wata tsohuwa da aikinta kawai ta tara yara ta koya musu sunayen abubuwan da babu su a jirgin: tudu, kogi, tsuntsu, inuwar bishiya. Shugabannin jirgin suna so a rufe ajinta, don ba ya ƙara komai ga tafiyar. Ita ma ba ta taɓa ganin ko ɗaya daga abubuwan ba, daga bakin kakarta ta ji. Da Tafireta ta zo shafi na ƙarshe sai da ta tsaya ta sha ruwa.

Ta ƙarasa, ta rufe littafin. Baba ya ce ta duba cikin bangon baya. Wata yankakkiyar jarida ce da ta yi rawaya, sharhinsa ne na shekara ashirin da bakwai da suka wuce. Ta karanta a zuci, ta ji kunya kamar ita ta rubuta. Ya yi kaca-kaca da littafin. Ya ce lissafin tafiyar ba daidai ba ne, ba abin da ke faruwa a labarin sai surutun tsohuwa, ya kuma rufe da wani layi mai kaifi da aka yi ta maimaitawa a lokacin. Marubucin saurayi ne, littafinsa na farko ke nan, kuma bai sake fitar da wani ba.

"Katinsa ne kaɗai ban rubuta ba," in ji Baba. "Duk shekara in ɗauko, in mayar. Tafireta, injin jirgin na tsaya dubawa, ban ga tsohuwar ba. Nemo mini marubucin."

'Yar Baba ba ta so zancen ba. Ta ja Tafireta baranda ta ce mata likita ya hana duk abin da zai tayar masa da hankali, idan mutumin ya zo ya zage shi fa? Tafireta ta ce ita ma ta yi wannan tunanin, amma ta san Baba, rashin zuwan ne zai fi cinsa. 'Yar ta share ido da bakin mayafi ta ce to, ta gwada.

Kamfanin da ya buga littafin ya daɗe da rufewa. Tafireta ta bi ta wurin wani tsohon mai ɗinkin littattafai da take kai wa aikin kwastomominta, shi ya tuno. Ya ce ai mutumin yana nan da ransa, tuƙin mota yake koyarwa a wani fili bayan tasha. Ta je da hantsi ta same shi, mutum mai furfura a gefen kai da ɗan tumbi, yana bin wata ƙaramar mota a ƙasa yana yi wa ɗalibarsa nuni ta sassauta. Ta jira ya gama, ta gaishe shi, ta faɗi wanda ya aiko ta.

Fara'arsa ta ɗauke. Ya kalli tayoyin da ya jera a filin, sannan ya karanto mata layin nan da ka, bai yi tuntuɓen kalma ɗaya ba: "Wannan jirgi ba zai tashi ko taku ɗaya ba, marubucinsa ma haka." Ya ce ta gaya wa tsohon ya yi gaskiya, ga shi nan a ƙasa yana koya wa mutane ribas.

Ba ta roƙe shi ba. Ta ce masa kawai ita ce ta karanta wa Baba littafin a makon nan, kuma tun da ta gama take tunanin tsohuwar nan ta jirgi, ko a shago. Ta ce kwanakin Baba ba su da yawa. Ta rubuta masa kwatancen gidan a bayan wata takarda, ta ɗora a kan motar, ta tafi. A hanya ta yi ta shirya ƙaryar da za ta yi wa Baba, amma da ta shiga ta kasa, ta faɗa masa yadda aka yi. Ya gyaɗa kai ya ce mutumin yana da hakki. Sannan ya ce ta ɗauko sabon kati, ko ya zo ko bai zo ba za a rubuta.

Ranar suka rubuta shi. Numfashi yana yanke masa, yakan faɗi layi ɗaya ya huta, ya ce ta goge, ya sake. Kati ɗaya ya ci musu yini.

Kwana biyu bayan haka, da la'asar, ta ji ana tambayar ɗakin Baba Kundi a matakala. Malamin tuƙin ne, ya sa riga mai guga, yana riƙe da ledar lemo kamar bai san inda zai ajiye ta ba. Ya tsaya a ƙofa yana kallon kwalayen da suka kai rufi. 'Yar Baba ta ba shi kujera, ta koma ta tsaya kusa da kan mahaifinta.

Baba bai yi wani dogon bayani ba. Ya ce da Tafireta ta karanta katin. Ta karanta suna da shekara da labarin a taƙaice, sannan hukuncin: cewa a duk littattafan da ke cikin kundin nan babu wanda ya fahimci abin da mutum yake rasawa idan ya yi nisa da gida kamar wannan, cewa mai wannan kundi ya taɓa yi masa mummunan sharhi a jarida, kuma kuskure ne, na mai sharhin ba na marubucin ba.

Malamin tuƙin ya daɗe yana murza hularsa a gwiwa.

"Baba," ya ce, "na ɗora maka laifin da ba naka ba ne duka. Shekarar ce mahaifina ya kwanta ciwo, ga ƙanne. Ko ba ka rubuta ba da wuya in ci gaba. Amma ya fi mini sauƙi in ce kai ne."

"Nawa rabon dai ka yafe mini."

"Na yafe. Kuma jirgin, na sake lissafawa daga baya. Wallahi ba zai tashi ba."

Baba ya yi dariya har tari ya sarƙe shi, 'yarsa ta tallafo kansa tana hararar baƙon, ita ma tana dariyar. Daga nan hira ta ɓarke. Baba ya tambaye shi daga ina ya samo tsohuwar, ya ce kakarsa ce, wadda aka taso da su daga ƙauyensu saboda ginin madatsar ruwa, ta ƙarasa rayuwarta a ɗaki ɗaya a birni tana lissafa musu sunayen gonakin da ruwa ya cinye. Baba ya ce a ƙara wannan a katin. Malamin tuƙin ya gyara musu shekarar bugawa, wai sun ƙara masa ɗaya. Ya faɗi kuma, yana sosa ƙeya, cewa a duniya bai san wani da ya karanta littafin har ƙarshe sau biyu ba sai mutumin da ya zage shi. Da zai tafi ya durƙusa ya riƙe hannun Baba da hannu biyu, ya ce ya gode.

Ya sake dawowa washegari, da jibi. Rana ta huɗu da safe, Tafireta tana ɗaura agogo za ta fita shago, 'yar Baba ta ƙwanƙwasa. Daga fuskarta Tafireta ta gane Baba ya cika. 'Yar ta ce ya sha shayinsa rabin kofi, ya tambaya ko an mayar da katin cikin kwalinsa, ta ce an mayar, ya ce madalla, ya juya fuskarsa wajen taga. Tafireta ta shiga ta zauna a kujerar da ta saba zama. Ta yi kuka, amma ba irin na shekarar mijinta ba. Abin da ya fi cika mata zuciya shi ne yadda mutumin nan ya yi mata ƙaryar ciwon ido don ya fito da ita daga ɗaki, kuma har ya koma ga Allah bai taɓa goranta mata ba.

Mako guda bayan an binne shi, tsohon wurin aikinsa ya amsa zai karɓi kundin, a ba shi kanta guda, Tafireta kuma ta ƙarasa buga abin da ya rage. 'Yar Baba tana tunanin hayar mota sai ga malamin tuƙin ya soke darussansa na ranar ya zo da tasa. Sawu uku suka yi. A na ƙarshe but ɗin motar ya cika, kujerar baya ta cika, kwali ɗaya ya rage, Tafireta ta shiga gaba ta ɗora shi a cinya.

Ya ja motar a hankali kamar ɗalibin ranar farko. Tun daga nesa yake kunna sigina, a kowane tudun hanya ya kusa tsayawa cak kafin ya haye. Motoci suka yi layi a bayansu suna ta hon, wani mai babur ya wuce yana ɗaga masa hannu. Bai ko kalle su ba. Ita kuma ta dafa murfin kwalin da tafin hannu biyu, tana jin katunan suna ɗan motsi a ciki duk lokacin da suka sha kwana.