Agogon da Mai Gobe Ya Zana

Ga ta nan, ga ta nanku, kowa ya gyara zama.

Ta zo mu ji ta, Kaka.

Wani tsoho mai zanen allunan shaguna yana tsaye a kan bokitin fenti da ya kifa a bayan tagar wani ɗakin asibiti, sai ga nas ta zagayo.

"Baba, gilashin mutane za ka ɓata mana?"

"'Yata, in bai yi kyau ba, da hannuna zan kankare."

Ta dubi tsohuwar da ke kwance a ciki, ta dube shi, ta juya abinta kamar ba ta ga komai ba.

Matarsa ce a ɗakin. Ciwo ya cinye mata jini, har likita ya ce ko mura ce ta kama ta, shi ke nan. Shi kuma tari ya riƙe shi, aka hana shi shiga. 'Yarsu kaɗai ke shiga da takunkumi a fuska, ita ke kara wa uwar waya a kunne su yi magana, gilashi a tsakaninsu.

Tun yarinyar tana ƙarama uwar take ba ta labarin wata ƙasa da ta ƙaga da kanta, mai shuɗayen bishiyoyi. A can akwai wata mai magani wadda ba ta jiƙa saiwa, ba ta ba da ƙwaya. Agogo gare ta, faɗinsa ya kai faranti. Da ta murɗa shi baya, sai ciwo ya koma ta hanyar da ya biyo, karaya ta haɗe, furfura ta yi baƙi. Shekara talatin matar tana roƙonsa ya zana mata wannan ƙasa, yana cewa gobe. Ya zana wa masu aski kawuna, ya zana wa masu faci tayoyi, ita dai gobe. Har ta sa masa suna Mai Gobe.

To, zanen gilashi, jikokina, ba kamar na allo ba ne. Tunda daga ciki za a kalla, shi kuma yana waje, abin da ake ƙarewa da shi, da shi ake farawa. Ƙwayar ido tukuna, sai gira, sannan fatar fuska ta rufe su. Sararin sama ne ƙarshe. Mai zanen ba ya ganin komai sai bayan aikinsa, dabbare-dabbare kamar yaro ya yi ɓarna.

"Mai Gobe," muryarta ta fito a wayar da ke aljihun rigarsa, siririya. "Lambobin agogonka a juye suke."

Shi da ya tsufa a sana'a! Garin kallonta ya rubuta su daidai da nasa idon, ya manta da nata. Ya ɗauko reza.

"Kar ka taɓa. Da ma ai baya yake tafiya. Sau ɗaya dai ka yi daidai, shi ma da kuskure."

Ya yi dariya, tari ya sarƙe shi.

Rana ta yi tsaka, ta karkata. Bishiyoyi suka tsaya, rigar mai magani ta sauka har ƙasa. Duk inda buroshi ya bi, wurin ya toshe. Da safe yana ganin gadon gaba ɗaya. Yanzu ƙafafunta sun ɓace, robar ƙarin ruwa ta ɓace.

"Baba, ka bari haka," in ji 'yar. "Rufe kanka kake yi, ba ta ganinka."

"Bar shi, Auta," in ji uwar. "In ya sauka daga bokitin nan, sai wata shekara talatin."

Sai ya bar tsakiyar agogon babu fenti. In ya shafa sama kaɗan, ya kawo fuskarsa wurin ya leƙa, ita kuma ta ɗaga yatsa ɗaya.

Da yamma shuɗi ya ƙare masa, saura kusurwa guda. Ya sauka, ya tsuguna yana haɗa wani, yana mita wai fentin yanzu duk ruwa ne. Bai fi minti biyar ba. Da ya hau ya leƙa, wayar tana kan gado, Auta ta cire takunkuminta, nas tana jan mayafi tana rufe fuskar matarsa.

Ba wanda ya hana shi shiga kuma. Ya zauna a bakin gadon da fenti a hannuwansa, ya ɗaga kai, ya ga aikinsa karon farko. Ga shuɗayen bishiyoyi rana tana ratsa su. Ga mai magani da fuskar matarsa ta ranar da ya fara ganinta. A tsakiyar agogon kuwa, ba komai sai bokiti a kife a tsakar fili.

"Ta bar maka saƙo," in ji Auta, tana share hanci. "Wai ka ƙara mata tsawon wuya, amma ta yafe."

Auta ta tafi da uban zuwa gidanta, tarin ya warke a sati. Nas ta hana masu shara taɓa tagar, duk wanda aka kwantar a ɗakin da kallon zanen yake wuni. Shi kuwa tsohon ya ajiye buroshi. Kusurwar nan har yau ba fenti, ta nan rana take fara shiga.