Sunan da Hajiya Fatna Ba Ta Kira

Al'ada ce ginshiƙin gida, kuma a duk Madina babu wanda ya riƙe ta kamar Abdussamad. Shi da kansa yake tabbatar da haka, yawanci bayan ya ƙoshi. Babbar hujjarsa ita ce mahaifiyarsa, Hajiya Fatna. Shi ne ɗan fari, kuma tun da ta haife shi ba ta taɓa kiran sunansa ba, saboda kunya irin ta mutanen da. "Wannan ita ce tarbiyya," yakan ce, yana hararar ƙaninsa Saif, wanda in an yi masa Hausa sai ya amsa da Larabci.

Tarbiyyar ba ta hana su zuwa kotu ba. Shagon dabino ne a Uhudu, inda motocin masu ziyara ke tsayawa. Sunan Saif kaɗai ke kan takardun shagon, don lokacin da aka buɗe shi Abdussamad yana aikin gwamnati. Abdussamad ya ce rabi nasa ne. Saif ya ce in rabin kujerar da yake zama yana ba da shawara yake nufi, ya ɗauke ta duka. Kotu ta naɗa wani Ustaz Hamid ya tattaro shaida, ya kawo mata rahoto.

Ustaz Hamid ya zagaya. Maƙwabtan shago suka ce dukansu mutanen kirki ne, abin da ba a tambaye su ba. Manomin Khaibar da ya fara kawo musu dabino ya rasu. Saura Hajiya Fatna. Aka zauna a falonta, 'ya'yan biyu kowa ya kama kusurwarsa.

"Ya Hajiya, su wa suka buɗe shagon?"

"Saif yana ciki."

"Shi da wa?"

"Da wancan."

"Wancan wa?"

Hajiya ta dubi labule. Can ta ce, "An dai sayar da mota, aka sayi firjin dabino."

"Motar wa?"

"Mai motar ya san kansa."

Abdussamad ya miƙe ya yi bayanin al'adar, har da tarihinta. Ustaz Hamid ya saurara cikin ladabi, ya ce masha Allah, amma bayanin mai ƙara ba shaida ba ne, kuma alƙali bai san wani mutum mai suna Wancan ba. In ba za ta kira sunan ba, ta nuna shi da hannu. Hajiya, da ko kallon ɗan farinta ba ta yi a gaban baƙo, ta ƙara cusa hannunta cikin mayafi.

"To zan rubuta cewa ɗa guda ta ambata," in ji Ustaz.

Gumi ya keto wa Abdussamad, ginshiƙin al'ada. "Inna, ki faɗa mana. Sau ɗaya tak. Ai zamani ya canza."

Tsohuwa ta sunkuyar da kai. Ta buɗe baki kamar mai shirin haɗiye magani mai ɗaci.

"Inna, bari," in ji Saif. Da Hausa ya faɗa, har Abdussamad sai da ya waiga. Sannan ya juya wurin Ustaz, ya koma Larabcinsa. "Rubuta, ya Ustaz. Motar Yaya ce. Ni na tuƙa ta na kai wa mai saye. Rabin shagon nasa ne."

"Ka san abin da wannan ke nufi?"

"Na sani. Inna, gahawar nan ta huce?"

Hajiya ta tashi ta shiga ciki da sauri irin na mai shekara talatin.

Washegari Abdussamad ya zauna kan kujerarsa a ƙofar shago, yana sanar da maƙwabta cewa al'ada ce ta ceci gidansu, kamar yadda ya sha faɗa. Saif yana kan tsani da igiyar awo a hannu, yana neman inda sunan Abdussamad zai shiga a allon shago. Sunan dogo ne, allo bai ɗauka ba. Ya sauko ya kira mai rubutun allo, ya ce a yi sabo, a kawo masa takardar kuɗin shi kaɗai.