'Yar Fari a Hanyar Kufan Inka

Injiniya Fatihu bai taɓa kiran 'yarsa ta fari da sunanta ba. Sunanta Najiba. Shi ya zaɓa mata sunan, shi ya yi mata huɗuba a kunne a wani asibiti da ke Maryland, kuma tun daga ranar bai sake furta shi ba, har ta girma ta zama ma'aikaciyar jinya. In yana nemanta sai ya ce da matarsa, "Furera, ina yarinyar nan?" ko da yarinyar na zaune a gabansa. In ta kama dole, sai ya ce, "Ke."

Haka ya tashi ya gani a Gumel. Shi ma ɗan fari ne, kuma har uwarsa ta koma ga Allah ba ta taɓa kama sunansa ba. Amma a can kunyar ɗan fari ba ita kaɗai take tafiya ba. Akwai kaka, akwai goggo, akwai gida cike da mutanen da za su ɗauki yaron su goya shi, su yi ta kiran sunansa har ya gaji da amsawa. A Greenbelt, garin da suke zaune a Maryland, babu kaka, babu goggo, sai maƙwabcin da ba ya amsa sallama. Furera ta gane haka tun tana jego, ta ajiye tata kunyar ta rungumi 'yarta. Shi kuwa Fatihu rabin al'ada ya ɗauko ya tsallako teku da shi, ya baro ɗaya rabin a gida. Kuskure ne, kuma ba shi kaɗai ya yi shi a ƙasar nan ba.

Najiba ta samu aiki a Seattle, birnin da ke can ɗaya ƙarshen ƙasar, za ta tashi ƙarshen bazara. Wata Asabar da hantsi Furera ta ajiye wa mijinta shayi ta ce, "Najiba ta shirya muku tafiya, kai da ita. Peru."

"Peru? Wa muke da shi a ƙasar Peru?"

"Babu kowa. Kufai za ku gani, a kan dutse."

"Kufan wa?"

"Wasu mutane ne wai su Inka. Sun gina gari a saman tsauni, Machu Picchu."

"Suna nan?"

"Haba Injiniya, na ce maka kufai. Sun mutu tun tuni."

"To gaisuwar wa za mu je yi?"

Furera ta zauna ta yi masa bayani yadda aka yi mata. Kwana huɗu ne a ƙafa, hawa da sauka, a kan tsohuwar hanyar da mutanen suka shimfiɗa da duwatsu. Akwai ɗan jagora, akwai 'yan dako masu ɗaukar tanti da tukwane. A tanti ake kwana. A wasu wuraren iska ba ta isar mutum, sai yana tafiya yana haki.

"Mota ba ta zuwa wurin ke nan?"

"Ta ce akwai jirgin ƙasa da ke kai mutum kusa."

Fatihu ya ajiye kofin. "Akwai jirgin ƙasa."

"Akwai."

"Amma mu da ƙafa za mu je."

"Ta ce tafiyar ita ce abin."

"Tafiyar ita ce wane abin? Kuma me ya sa ni? Ga Munzali nan, ƙarfi na cinsa, ba ya komai sai buga ƙwallo. Ki ce mata ta tafi da ƙanenta."

"Ba abin da zan ce mata. Tana ɗakinta, kuma bakinka ba ciwo yake ba."

Bai je ɗakin ba. Kwana biyu bayan haka ya tarar da wasu takalma masu nauyi kamar na soja a bakin ƙofarsa. Ya gwada, suka yi masa daidai, abin da ya ƙara ɗaure masa kai, don bai san ta san girman ƙafarsa ba.

Ranar Juma'a bayan an idar da salla ya tare abokinsa Hamissou, mutumin Tawa, direban tasi a cikin Washington, ya zayyana masa komai.

Hamissou ya yi dariya har ya dafa mota. "Bon, Injiniya, tsaya in gane. Kakana ya taka sahara da ƙafa, amma gishiri ya ɗauko. Ku mi za ku ɗauko?"

"Hoto, ina jin."

"Hoton gidan da ba rufi! Wallahi in kufai take so, in kai ku garinmu, kawuna na da guda ukku, kyauta." Ya rage murya. "Ko dai miji ta samu can, tana so ka gan shi inda ba ka da numfashin cewa a'a?"

"Kai dai ba ka da kirki."

"Ko kuma lafiyarka taka son aunawa. Ɗiyan nan masu aikin likita haka suke, ba su tambayarka, sai su sa ka hawan dutsi su ga in za ka faɗi."

Fatihu ya koma gida da tambayoyin da suka fi waɗanda ya fita da su. Ya duba hotunan wurin a waya. Ginin ya burge shi, don shi mutum ne da ya san aikin dutse, kuma ya ga an jera manyan duwatsu sun zauna daram ba tare da siminti ba. Amma ya gama gani a cikin minti kaɗan, yana zaune a kujerarsa. Bai ga abin da ya rage wanda sai an tafi da ƙafa ba.

Masu shirya tafiyar sukan tara waɗanda za su je daga yankin, su fita da su gwajin ƙafa a wani ɗan tsauni da ke bayan gari. Wata mata ce ke jagorantar gwajin, Irene, 'yar asalin Peru da ke zaune a Annandale, gajeriya mai fara'a, wadda ta yi shekaru tana kai mutane kan hanyar kafin ta yi ƙaura. Najiba ce ta tuƙa su zuwa wurin. Tun daga Greenbelt har suka isa, rediyo ne kaɗai ya yi magana.

A gindin tsaunin Irene ta sa suka yi da'ira, su wajen goma sha biyu, yawancinsu Turawa. Ta ce a can sama ba a tafiya ɗaiɗai. Kowa yana da abokin tafiya, kuma aikinsa ne ya riƙa kiransa yana tambayarsa ko kansa na ciwo, ko yana ganin jiri, don ciwon tsauni ba ya sallama. Saboda haka kowa ya gabatar da nasa, ya faɗi sunansa da abin da ke tsakaninsu.

Wani dattijo ya rungumo matarsa ya faɗi sunanta har da na shagwaɓa. Wasu 'yan mata biyu suka ce tare suka yi makaranta. Layi ya zo kan Fatihu.

A ce ya tsaya gaban baƙi ya nuna 'yar fari da baki ya ce tasa ce, kamar mai tallan abin da Allah ya ba shi? Bakinsa ya yi abin da bakin ubansa ya saba yi in baƙo ya tambaya. Ya dubi ƙasa ya ce da Turanci, cikin ladabi, "Wannan ɗiyar ƙanena ce."

Irene ta ɗan karkata kai. Ta dubi Najiba ta ce, "Au, na ɗauka kin ce da mahaifinki za ki zo. Bai samu dama ba?"

Najiba ta juya ga Irene. Sannan ta ce, "E. Bai samu dama ba." Ta faɗi sunanta da kanta, aka wuce kan na gaba.

Aka fara hawa. Najiba ta yi gaba, ba ta waiwayo ba. Fatihu na baya yana jan ƙafa cikin takalman, yana juya maganar a ransa. Me ya yi? Shi a saninsa kara ya yi. A Gumel da an ji wannan amsar sai a ce ga mutum mai kunya, ɗan gidan mutunci. Kowa zai gane 'yarsa ce, kowa zai gane son da yake mata ne ya fi ƙarfin a faɗa. To me ya sa ta ce bai samu dama ba, alhali ga shi nan yana haki a bayanta?

Dattijon nan ya rage tafiya ya jera da shi. Ya ce abin sha'awa ne mutum ya tsaya wa ɗiyar ɗan'uwansa haka, ba kowa zai yi ba. Ya tambaya ko mahaifin nata yana raye. Fatihu ya ce yana raye. Dattijon ya girgiza kai ya ce wasu iyayen sai addu'a. Fatihu ya rasa ko ya yi godiya ko ya yi fushi, sai ya ce masa haka ne.

A saman tsaunin aka zauna hutawa. Fatihu ya hango Najiba can gefe a kan wani falalen dutse ita kaɗai. Ya daɗe yana tsaye kafin ya ƙarasa, ya zauna nesa kaɗan, yana kallon gonakin da ke ƙasa.

Ita ta fara magana, da Turanci kamar kullum, shi yana amsawa da Hausa.

"In mun sauka zan ce wa Irene ta cire mu, Baba."

"Saboda me? Ƙafata lafiya lau. Ki gaya wa uwarki ma..."

"Mama ba ta nan. Abin da ya sa na zaɓi wurin ke nan. Na nemi inda babu Mama, babu waya, babu wanda za ka aika. Na ce kwana huɗu a kan dutse, ko ruwa ne sai ka ce in miƙo maka."

Ya juyo ya dube ta, abin da bai cika yi ba. "Ba don kufan ba ne?"

"Ina ruwana da kufai?"

"To ai ni tun ran nan nake ta karatun duwatsu."

Ba ta yi dariya ba. "Ka ce ni ɗiyar ƙanenka ce. A gaban mutane."

"Ai kara ce. Kunya ce. Ke 'yar fari ce. Haka ake yi." Ya ga kalmomin ba su isa inda ya aike su ba, sai ya ƙara. "Ni ma Inna ba ta taɓa kiran sunana ba. In baƙi suka zo cewa take ni ɗan yayarta ne. Ba ƙi ba ne. Wanda aka fi so shi ake ɓoyewa."

"Mama ta sha gaya mini. Na sani a kaina." Ta tsinke wata ciyawa ta jefar. "Kai ka ji daɗi da ta yi maka haka?"

Babu wanda ya taɓa yi masa wannan tambayar, shi ma bai taɓa yi wa kansa ba. "Ban sani ba. Ai ba a tambaya. Kuma ni ina da Goggo Rahmatu. A ɗakinta na tashi, ita ke kirana, ita ke ba ni ƙanzo, in na yi kuka ita ke..."

"Ni wace ce Goggo Rahmatuna?"

Ya bi gidan nasu na Greenbelt ɗaki ɗaki a zuciyarsa, daga ƙofa har kicin, bai samu kowa ba.

Irene ta tafa hannu ta ce a sauka. Najiba ta miƙe ta saɓa jakarta ta bi sahu, tana sauri don ta cim ma Irene a gaba. Ya san abin da za ta je faɗa. Ya san kuma in ta faɗa, ƙarshen bazara za ta tattara ta tafi Seattle da wannan amsar tasa a kunnenta.

Ya tashi ya bi ta, gwiwa na ƙara. Gangaren ya fi hawan wuya, tazarar kuma sai ƙaruwa take.

"Ke!" ya ce.

'Yan matan nan biyu suka waiwayo, suka ga ba da su yake ba. Ita ba ta waiwayo ba.

"Ke, yarinyar nan!"

Ta ci gaba da sauka. Saura kaɗan ta kai ga Irene.

Ya tsaya ya dafa wata bishiya. Sunan ya zo masa baki, ya ji kamar duk Gumel ta fito ta jeru a kan duwatsun tana kallonsa. Ya fito da shi a karkace, da ƙarfin da ya wuce bukata.

"Najiba!"

Ta tsaya. Amma ba shi ta duba ba. Ta dubi Irene, ta dubi dattijon, ta dubi gefen hanya, tana neman mai kiran, don ba ta san yadda sunanta yake a wannan muryar ba. Sai daga baya ta juyo sama ta gan shi riƙe da bishiya.

"Na'am?" ta ce da Hausa, kamar mai tambaya.

Bai tanadi abin da zai biyo baya ba. Mutane na raɓa shi suna wucewa. Ya yi ta laluben magana, ya kamo wadda ta fi kusa.

"A can ɗin, kan dutsen, ina ake samun ruwan alwala?"

Ta goge fuska da bayan hannu.

"Ban sani ba, Baba. Sai ka tambayi Irene." Ta gyara jakarta. "Amma ka fara gaya mata ko ni wace ce."

Ya saki bishiyar ya fara gangarowa a hankali, yana gwada kowane dutse kafin ya taka, yana haɗa jimlar da Turanci a bakinsa tana wargajewa. Ita kuma ta koma gefen hanya ta tsaya tana jiransa.