Shirun Ɗaki

Shekara tara ke nan da tarzomar da ta cinye rabin unguwa, kuma har yau Mai Ɗinki ba ta san inda aka binne ɗanta ba. Wanda ya sani Kafinta ne, tsohon maƙwabcinta, da aka gani cikin waɗanda suka far wa layinsu. Ya yi zaman kurkuku ya fito, bakinsa gum.

Da masu fim suka zo suna haɗa mutanen ɓangarorin biyu su yi magana gaban kyamara, cewa ta yi ita ba 'yar wasa ba ce. Amma da ta ji da Kafinta za a zaunar da ita, sai ta rufe keken ɗinki ta tafi.

A wani aji aka yi. An ture bencina gefe, an toshe tagogi da barguna, an kashe fanka. Darakta yarinya ce sa'ar ɗan nata, sai "Mama, ɗan juyo nan" take yi. Mai ɗaukar sauti, wani dogo da suke kira Kunnen Zomo, ya roƙe ta ta cire awarwaro don suna ƙara. Ta ce to ya haɗa da gwiwarta, ita ma ba ta iya shiru ba.

Kafinta ya shigo, furfura ta cinye masa gemu. Ya yi dogon bayani sumul, kamar wanda ya sha guga: sharrin shaiɗan ne, ya yi nadama, a yafi juna. Sau biyu tana tambayarsa ina yaronta yake, sau biyu yana kallon kyamara yana cewa Allah ya jiƙan waɗanda suka rasu. Darakta ta ce an gama, aka rufe kyamara.

Mai Ɗinki ta yunƙura za ta tashi, sai Kunnen Zomo ya ɗaga hannu. Ya ce saura shirun ɗaki. Wai kowane ɗaki da irin shirunsa, da shi suke cike gurbi in sun yanke magana. Minti ɗaya tak, kada kowa ya motsa.

"In da ranka ka sha kallo," in ji ta. "Har shiru ake ɗauka."

Aka yi tsit. Ta ji numfashin Kafinta yana fita da 'yar ƙara, irin ta wanda ya shekara yana shaƙar garin katako. Shagonsa yaron yake zuwa tsintar guntaye yana haɗa motoci. Yanzu babu kyamarar da zai kalla, babu jawabin da zai ɓuya a ciki. Sai ya ɗago kai ya dube ta.

"Yaya," ya ce, yadda ya saba kiranta a da. "Bayan tsohon gidan bulo ne, gindin katangar gabas. Ni na sa shi, shi kaɗai. Na rufe masa fuska da rigata."

Darakta ta miƙa hannu wajen kyamara. Kunnen Zomo ya girgiza mata kai, ya kashe tasa na'urar.

Mai Ɗinki ta kalli mutumin nan. Ba ta ce ta yafe ba, shi ma bai nema ba. Ta share ido da gefen mayafi.

"Za ka gane wurin?"

"Ko ido rufe."

"To tashi," ta ce. "Kai ne a gaba."