Dogon Wandon Fermín

A unguwar Barracas, da yaro ya fara zama saurayi sai a ɗinka masa dogon wando, maƙwabta su taya murna, daga ranar ya shiga sahun maza. Fermín kuwa ya haura sha biyar yana yawo da gwiwoyi a waje. Silima ce ta jawo masa. Tun yana ɗan mitsitsi yake fitowa a maraya mai sa matan Buenos Aires kuka, kuma babu macen da za ta ɓata hawayenta a kan maraya mai gashin ƙafa.

Kowace safiya uwarsa, Doña Asunta, takan zaunar da shi a tsakar gidan haya ta aske masa ƙwauri da askar marigayi ubansa.

"Mama, a yi mini dogon wandon nan mana. Samarin layi 'yar tsana suke kirana."

"Su kira ka akuya ma. Ina suke wuni? A mayanka, suna jan naman shanu. Can ubanka ya shiga da ƙarfinsa, sanyin ɗakin ƙanƙara ya cinye masa huhu. Ba zan kai musu na biyu ba. Miƙo ɗaya ƙafar."

Aska tana maganin gashi, amma murya ta fi ƙarfinta. A watan nan muryar Fermín ta soma tsagewa. Doña Asunta ta ɗura masa zuma da ɗanyen ƙwai, ta hana shi magana a gida, ta yi wa Budurwa mai tsarki ta cocin Luján alkawarin ziyara a ƙafa. Tsoro ya hana baiwar Allah cin abinci.

Ga shi yaƙin Turai ya sa zaren ɗaukar fim ya yi wuyar samu, ba a maimaita komai. Ranar ɗaukar fitowa ta ƙarshe, darakta Don Ludovico ya dafa kafaɗarsa.

"Jirgi zai tashi da uwarka, ka biyo shi da gudu, ka ƙwala mata kira. Sau ɗaya ne, yaro, ba ni da na ɓatawa."

An ɗora jarumar da ke fitowa a uwarsa a kan akwati don kada ya fi ta tsayi. Aka kunna fitilu. Fermín ya sheƙo da gudu, hawaye shaɓe-shaɓe, ya buɗe baki. "Ma" ta fito siririya yadda aka saba. "Ma" ta biyu ta fito kamar kukan bijimi.

Wani mai fitila ya fashe da dariya daga sama. Don Ludovico ya matso kusa da Fermín. Ya dubi maƙogwaron yaron, ya dubi ƙwaurinsa inda aska ta yanka da safe.

Doña Asunta ta ratso igiyoyin wuta ta riƙe masa hannun riga.

"Mura ce, Yallaɓai, na rantse da Budurwa mura ce! Ko a sa muryar wata yarinya a kai, ai ana yi."

"Ƙafafun fa, Doña, na wa zan sa masa? Ya girma. Ba laifin kowa ba ne."

Fermín da uwarsa suka koma gida. Suna shiga ɗaki ta jawo akwatin ƙarƙashin gado, ta fito da wandon aikin mijinta, har yanzu yana warin gishirin nama. Ta kara shi a ƙugun Fermín tana neman inda za ta rage. Babu. Tsayin ya yi daidai.

Fermín ya ja da baya har ya bugi bango.

"Mama, a'a. Ki ƙara aske ni. Zan riƙa lanƙwasa gwiwa, ba zan sake magana ba, ko kurma ne su ba ni in fito!"

Da muryar ubansa sak ya faɗi haka. Doña Asunta ta zauna a bakin gado, ta miƙa masa wandon ba tare da ta dube shi ba.

"Sa, ɗana. Ka haɗa da rigar sanyinsa. Da sassafe suke ɗaukar ma'aikata a mayanka."