Ba a Kira Shaida Ba

Saura kaɗan Auta ta juya daga ƙofar kotun. Yayanta ne ya tura ta da hannun hagu, ya ce, "Shiga mana, ba cin mutane suke yi ba."

Suka zauna a bencin baya. An yi shekaru tun ranar da 'yan sanda biyu, Saje da Kofur, suka shigo shagon ɗinkin yayan nata suna neman ɓarawon da ya bi ta lungun. Ya ce bai ga kowa ba. Kofur ya danne masa hannun dama a kan teburin keke, Saje ya sauke gindin bindiga a kai. Hannun bai ƙara riƙe almakashi ba. Auta tana bayan labule tana saka maɓalli, ta ga komai. Ita kaɗai ce shaida.

An dakatar da 'yan sandan, an kafa kwamitin ladabtarwa. Shugaban kwamitin ya yi ritaya, wanda ya gaje shi aka canza masa wurin aiki. Duk ranar da aka sa, sai a ɗaga. Auta kuwa, wadda ko tayi ba ta iya yi a kasuwa don kunya, ta yi ta haddace abin da za ta faɗa. A gidan burodin da take aiki, tana ƙulla leda tana motsa baki, har abokan aikinta suka sa mata suna Barista.

Wani lauya mai furfura ya miƙe. Ya yi magana a kan mutanen da aka bari a rataye shekara da shekaru, ga hawan jini, ga 'ya'ya suna tambayar me ya sa Baba ba ya fita aiki. Auta ta ji hawaye ya cika mata ido. Ta raɗa wa yayanta, "Yaya, wannan namu ne ko?"

"Wane namu? Nasu ne."

Sai a lokacin ta gane. Saje da Kofur ne suka kawo ƙara, suna roƙon kotu ta tsayar da kwamitin saboda jinkirin ya cutar da su. Ga su can gaba cikin fararen kaya, Saje har ya ajiye tumbi.

Lauyan hukumar 'yan sanda ya miƙe kamar wanda aka tasa daga barci, ya ce gaskiya an yi jinkiri, ya zauna.

Auta ba ta san lokacin da ta ɗaga hannu ba, kamar a aji. Masinjan kotu ya lallaɓo ya sunkuyo.

"Ƙanwata, sauke hannu."

"Ni ce na gani."

"Na sani. Amma irin wannan zaman ba a kiran shaida. Ba abin da ya faru ake dubawa ba, yadda aka tafiyar da maganar ake dubawa."

Alƙali ya karanta hukunci bai ɗago kai ba. Jinkirin ya wuce hankali, in ji shi. Bayan wannan tsawon lokaci mutane sun manta, ba za a iya yi wa waɗanda ake zargi adalci ba. An soke zaman kwamitin, su koma bakin aiki.

"Ni ban manta ba," Auta ta ce, amma ko yayanta bai ji ba.

A cikin motar haya ya yi ta kallon taga. Can ya yi wata 'yar dariya. "To, Barista, sai ki adana jawabinki ki ba jikoki."

Suka tarar da Inna tana shanya. Ta tambaya, "Sun ƙara ɗagawa?"

"A'a, Inna, yau sun gama."

"Alhamdulillahi!" Inna ta ce, ta saki zanen da ke hannunta. Sai ta dubi fuskokinsu. Ta sunkuya ta ɗauki zanen, ta mayar cikin bokiti.

Washegari da safe Auta ta fita aiki. A mararraba motoci sun cunkushe, ta tsaya tana jiran hanya. Ɗan sandan da ke ba da hannu ya juyo. Saje ne, kaki ya sha guga, bel ya matse tumbi. Ya ɗaga hannu, motoci suka tsaya cak.

"Wuce, 'yammata," ya ce. Bai gane ta ba.

Ga maganar nan duka a bakinta, daga farko har ƙarshe, ba kalma ɗaya da ta ɓace. Ta zo daidai da shi, har tana jin ƙamshin sitacin rigarsa. Ta sunkuyar da kai.

"Sannu da aiki," ta ce, ta tsallaka.