Borborygmus da zanen shuɗi

Tela ya juya katin asibitin sama da ƙasa, ya sake kafa wa kalmar ido: borborygmus. Shi dai ciki ya kawo wa likita, ciki mai ƙugi kamar babbar mota na hawa tudu, sai ga abin da aka rubuta masa.

"Bor-bo-rai-gamus," ya karanta.

"Barbaɗi-mus dai," in ji matarsa, tana zaune kusa da shi a bencin jiran magani.

Wani tsoho mai tabarau ya leƙo katin, ya ƙirga da yatsa. "Burburgumus ne. Kai, bawan Allah, harafi goma sha ɗaya! Maƙwabcina tasa cutar harafi bakwai ce kacal, kwana uku ya yi ya rasu."

Tela ya juya ga matarsa. Mutum kuwa in ya hango kabari, bakinsa ba ya riƙe komai.

"Uwar yara, ki yafe ni. Zanenki shuɗi da na ce ɓera ya cinye, ni na ƙona shi da dutsen guga."

"Shuɗin nan? Wanda na yi wata guda ina ɗana tarko a kansa?"

"Shi. Almakashin da na ce ƙaninki ya ɓatar kuma, yana ƙarƙashin keken ɗinki."

Ta buɗe baki ke nan aka kira su. Tela ya miƙa katin ta taga da hannu biyu.

"Malama, kar ki ɓoye mini. Kwana nawa ya rage?"

Mai ba da magani ta duba, ta danne dariya. "Baba, bobarigmas ake cewa. Kukan ciki ne fa, iska ce ke yawo a hanji. Ka saurari kalmar, ai ita ma kukan take yi. Ka daina cin abinci a tsaitsaye, shi ke nan."

Ciki kuwa, kamar ya ji an ambaci sunansa, ya amsa da ƙarfi har tsoho ya gyara tabarau.

A bakin ƙofa tela ya yi gyaran murya. "Kin san marar lafiya, sambatu yake yi."

Matar ta karɓe katin, ta ninke, ta soke a jaka.

"Sannu da jiki, maigida. Shagon yadi yana kan hanyarmu. Kuma yau a zaune za ka ci abinci, ka gaya mini sauran a natse."